Marubuci Kuma Furodusa Mai Zaman Kansa a Fim ɗin Hausa: Tambayoyi da Amsoshi

Tun da kasuwar faifan CD ta durƙushe aka koma YouTube da tashoshin talabijin, mutum ɗaya yakan rubuta labari, ya nemo kuɗi, ya tara ma'aikata, sannan ya sayar da fim ɗin da kansa. Tambayoyin da ke ƙasa su ne waɗanda masu kama wannan hanya suka fi maimaitawa. An sa musu lamba saboda wata amsar tana jingine da wata.

1. Wane ne ake kira marubuci kuma furodusa mai zaman kansa?

Shi ne wanda ba ya cin albashin wata tasha ko wani babban kamfani. Labarin nasa ne, shi yake zaɓar darakta da 'yan wasa, in kuma fim ya faɗi aljihunsa ne zai ji jiki. A jerin sunayen da ke fitowa a farkon fim ɗin Hausa za ka ga labari, tsara labari, shiryawa, ɗaukar nauyi da ba da umarni. Mai zaman kansa yakan riƙe ukun farko. Ɗaukar nauyi na mai kuɗi ne, wanda wataƙila ɗan kasuwa ne a Kantin Kwari da bai taɓa taka lokeshan, wato wurin ɗaukar fim, ba. Furodusa shi ke juya kuɗin: ya kama gidan da za a yi ɗauka, ya yi ciniki da mai kyamara, ya tabbatar abincin rana ya iso.

Wannan ba baƙon abu ba ne a Kano. Bayan ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Tumbin Giwa ta fitar da Turmin Danya a 1990, marubutan littattafai irin su Ado Ahmad Gidan Dabino da Balaraba Ramat Yakubu sun tsallaka daga takarda zuwa kyamara suna shirya labaran da suka rubuta da hannunsu.

2. Ina da labari a kaina. Me zan fara rubutawa?

Jimla ɗaya. Ta ƙunshi wane ne, me yake so, wa ya tare masa hanya, kuma me zai faru in lokaci ya ƙure. Misali: wata mai sayar da fura da mijinta ya rasu tana neman karɓo gonar marayunta daga hannun ƙanin mijin kafin ruwan shuka ya sauka. Akwai mai so, akwai abin so, akwai mai hanawa, akwai wa'adi. Idan jimlarka ta fara da "labari ne mai nuna illar hassada a cikin al'umma", to darasi kake da shi tukuna, labarin bai zo ba.

Daga nan sai taƙaitawa ta shafi ɗaya ko biyu, daga farko har ƙarshe, ba a ɓoye yadda abin zai ƙare. Sai jerin fitowa: kowane sin, wato fitowa guda, layi ɗaya ko biyu, a faɗi inda ake, su wa ke ciki, da abin da ya canza. Sin ɗin da ka kasa faɗin abin da ya canza a cikinsa, goge shi tun yanzu. Cikakken rubutu mai maganganu shi ne na ƙarshe. Wanda ya tsallake jerin fitowa ya faɗa wa maganganu kai tsaye yakan kai shafi 40 sannan ya tarar bai san inda labarin ya dosa ba.

3. Dole ne sai na yi karatun fim a makaranta?

Ba dole ba ne, amma akwai inda ake koyarwa. Hukumar Fina-finai ta Nijeriya, wadda aka kafa a 1979, tana da cibiyar koyar da aikin fim a Jos, kuma Jami'ar Bayero da Jami'ar Ahmadu Bello suna da sashen wasan kwaikwayo. Mafi yawan masu sana'ar dai a lokeshan suka koya. Ga mai son zama marubuci kuma furodusa, aikin da ya fi koyarwa shi ne na mai kula da ci gaban shiri, wato kwantiniti, domin rubutun yana hannunsa daga safe har dare. Yana ganin layin da ya ƙi zama a bakin ɗan wasa, da sin ɗin da aka yar don rana ta faɗi. Bayan shi sai zama kusa da edita, inda za ka ga yawan abin da aka sha wahalar ɗauka aka zubar.

4. Yaya ake tsara rubutun a takarda, kuma shafi nawa ake bukata?

Tsarin da masu fim suka saba da shi shi ne rubutun Courier mai girman 12, inda shafi ɗaya yake tashi kusan minti ɗaya a allo. Kowane sin yana da kai: lamba, ciki ko waje, wuri, rana ko dare. Misali: 14. CIKI, ZAUREN BAFFA, DARE. Ƙarƙashinsa a bayyana abin da ido zai gani da abin da kunne zai ji kawai. Ba a rubuta "ta tuna da mijinta", domin kyamara ba ta ɗaukar tunani. A rubuta cewa ta ɗauko hular marigayi daga ƙusa ta kakkaɓe ta mayar. Sunan mai magana a tsakiya, maganarsa a ƙasa.

Fim na minti 90 yakan ci shafi 85 zuwa 100. Sai dai lissafin shafi da minti yana ruɗi a Hausa, saboda gaisuwa da jan magana suna tsawaita sin fiye da yadda takarda ta nuna. Maganin shi ne a tara mutum uku ko huɗu su karanta da baki, ana duba agogo. Manhajoji irin su Final Draft, Celtx, WriterDuet da Trelby suna tsara shafin da kansu. Kafin a kai wurin buga takarda a buɗe PDF ɗin a duba ƙ, ɗ da ɓ, don wasu nau'o'in rubutu suna mayar da su akwati ko alamar tambaya, ɗan wasa kuma ya karanta ƙasa a matsayin kasa.

5. Littafina ya karɓu a wurin masu karatu. Zan iya kwafe shi kai tsaye ya zama fim?

A'a. Littafi yana zaune cikin zuciyar jaruma shafi goma tana saƙe-saƙe, fim kuwa yana bukatar ta tashi ta yi wani abu. A koma matakin farko da aka bayyana a tambaya ta 2, a fitar da jimla ɗaya, duk reshen da ba ya hidima ga wannan jimla a sare shi. Ƙawaye uku su koma ɗaya. Tarihin kakanni da ya ci babi biyu ya koma magana guda a bakin tsohuwa. Muryar mai ba da labari daga bayan fage dabara ce mai sauƙi, shi ya sa take saurin gundurar mai kallo. In littafin na wani ne, duba tambaya ta 12 kafin ka rubuta ko da layi ɗaya.

6. Me ake nufi da salon marubuci, kuma daga ina yake fitowa?

Salo shi ne abin da zai sa mai kallo ya gane hannunka ko da bai ga sunanka ba: irin mutanen da kake zaɓa, inda kake fara sin da inda kake yanke shi, abin da kake bari a faɗa da abin da kake bari a yi shiru a kai. Wani marubucin gwanin rikicin gado ne da zaman gidan yawa, wani ban dariyarsa daga tashar mota take, wani kuma ba ya sakewa sai a fada da kotu. Ba a ɗauko salo daga kallon fina-finan Indiya ko na Turkiyya a canza sunaye. Masu kallo suna ganewa, kuma yanzu da waya a hannunsu har asalin fim ɗin suke zaƙulowa.

Ga mai zaman kansa, rabin salon daga ƙuncin hali yake fitowa. Wanda ba shi da kuɗin nuna haɗarin mota dole ya koyi nuna fuskar wanda aka zo wa da labarin, kuma sau da yawa wannan ya fi taɓa zuciya. Haka ƙa'idar da ta hana namiji da mace taɓa juna a fim ɗin Hausa, wadda wasu ke kuka da ita. Marubucin da ya iya aikinsa yana nuna ƙauna ta yadda mace ta ajiye kwanon abinci, ta nisan da ke tsakanin tabarmi biyu, ta wanda ya fara sunkuyar da kai. Yana nuna ɓacin rai ta gaisuwar da aka gajarta. Waɗannan kayan aiki ne da al'ada ta riga ta tanada, mai kallo kuma ya san karatunsu tun yana yaro.

Ɗaya rabin kuma daga sanin wuri ne. Wanda ya tashi a unguwar marina, ko gidan mahauta, ko cikin 'yan tireda, yana da abin da babu wanda zai rubuta kamarsa. Abin takaici shi ne sabon marubuci yakan bar wannan ya tafi falon Alhaji mai kujerun alfarma, inda fina-finai ɗari suka riga shi zama.

7. Me ya sa maganganun da na rubuta suke fita kamar karatun labarai?

Dalili na farko shi ne ana sa mutane suna gaya wa juna abin da dukansu suka sani, don mai kallo ya ji. Ɗauki mai furar nan. Rubutu mai rauni zai sa ta ce: "Kamar yadda ka sani, yayanka wato mijina ya rasu ya bar mana gona, kai kuma ka cinye." Babu matar da za ta yi wa ƙanin mijinta magana haka a zaurensa. Ga yadda zai fi kama da gaskiya:

"Baffan yara, an ce an ga taki a gonar Malam."
"To, ai ƙasa ba ta jiran kowa."
"Haka ne. Allah ya kawo damina mai albarka."

Ba a ambaci gado ba, ba a ambaci zalunci ba, amma an ja daga. Ta kira shi da matsayinsa a wurin yaran don ta tuna masa nauyin da ke kansa, ta kira gonar da sunan mai ita.

Dalili na biyu shi ne sakaci da kiran suna. Ɗan'uwan uba Baffa ne, ɗan'uwan uwa Kawu, 'yar'uwar uba Gwaggo. Uwa a gidaje da yawa ba ta kama sunan ɗan farinta, mace ba ta kiran sunan miji gatsau a gaban surukai. Kuskure ɗaya a nan yana fitar da mai kallo daga labarin. Na uku, kowa yana magana da baki ɗaya. Basakkwace yana cewa "mi" inda Bakano ke cewa "me", ɗan Damagaram yana sako kalmomin Faransanci inda ɗan Kaduna ke sako na Ingilishi, tsohuwa ba ta gina jimla irin ta ɗalibar jami'a. Rufe sunayen da hannu ka karanta shafin. In ba ka iya gane mai magana ba, da sauran aiki. Karin magana kuma gishiri ce, guda ɗaya a bakin wanda ya dace ta isa sin.

8. Fim guda zan yi ko mai dogon zango?

Kasuwa ta karkata ga mai dogon zango tun wajen 2020, lokacin da zaman gida na annobar korona ya tura masu kallo YouTube. Amma shi ne ya fi cin marubuci. Kowane kashi yana bukatar ƙaramar matsalar da za ta tashi ta kwanta a cikinsa, da babbar matsalar zangon da za ta matsa gaba, da ƙarshen da zai sa a jira mako mai zuwa. Abin da ke kashe irin waɗannan fina-finai shi ne a fara haskawa alhali kashi huɗu kawai aka rubuta. Daga nan marubuci yana rubutu da dare ana ɗauka da safe, labari ya shiga zagaye, a yi ta ƙirƙiro sababbin mutane don cike lokaci, jaruma ta yi aure ko ta yi tafiya a rasa yadda za a yi da matsayinta.

In za ka yi, rubuta zango ɗaya cikakke, kashi 10 zuwa 13, ka ɗauke shi gaba ɗaya kafin kashi na farko ya fita. Wanda bai taɓa shirya komai ba ya fara da gajeren fim na minti 10 zuwa 15. Duk kuskuren da zai yi a babba zai yi shi a nan, da kuɗi kaɗan.

9. Yaya ake rubutu daidai da aljihu?

A nan ne riƙe alƙalami da jaka a hannu ɗaya yake da amfani. Abubuwan da ke cin kuɗi sanannu ne: yawan lokeshan, sin ɗin dare a waje saboda fitilu da janareto, taron jama'a kamar biki ko jana'iza, mota tana tafiya, ruwan sama, ƙananan yara, dabbobi, da kayan zamanin da. Kafin ka fara cikakken rubutu ka jera abin da kake iya samu kyauta ko da rahusa: gidan kaka a ƙauye, shagon aboki, makarantar da ke hutu. Gina labarin a kansu. Labarin mai fura yana iya ƙarewa a wuri biyar: tsakar gidanta, zauren Baffa, gona, bakin kasuwa, da gaban mai unguwa ko alƙali.

Bayan an gama rubutu sai a warware shi sin bayan sin a kan takarda ko Excel: 'yan wasa, masu cike fage, sutura, kayan hannu, wuri, lokaci, tsawon shafi. Daga wannan warwara kasafi yake fitowa, ba daga ƙiyasin baki ba. Kasafin ya ƙunshi abinci da ruwa, man janareto, sufuri, masauki, hayan kayan aiki, sallamar masu gida, da kuɗin hukuma. A ware kashi 10 cikin 100 don abin da ba a zata ba. Kuɗin tace hoto, gyaran sauti, kiɗa, fosta da talla a ajiye su daban tun ranar farko kada a taɓa. Fina-finai da yawa suna kwance a hadis, wato na'urar ajiye fayiloli ta kwamfuta, ba su fito ba, saboda an cinye komai a lokeshan.

10. Yaya ake fitar da jadawalin ɗauka?

Ba a bin jerin labari, ana bin wuri da 'yan wasa. Duk sin ɗin zauren Baffa a haɗa su a kwana ɗaya ko biyu, ko da ɗaya a farkon fim yake ɗaya a ƙarshe. Fitaccen jarumin da ake biya da tsada a tattara nasa a kwanaki kaɗan a jere. Da kyamara ɗaya, in ana son hoto da sauti masu kyau, shafi 5 zuwa 8 a rana shi ne daidai, wato rubutu mai shafi 90 zai ci kusan mako biyu. Ana iya ninka wannan gudu, ana kuma yi, amma a allo ake biyan bashin.

A duba yanayi. Daga Maris zuwa Mayu zafi yana haura digiri 40 a Kano da Sakkwato da Maradi, kyamara tana ɗaukar zafi ta tsaya, kwalliya tana narkewa, don haka sin ɗin waje a yi shi da sassafe ko bayan la'asar. Hazon hunturu yana canza launin sama daga rana zuwa rana. Labarin da ke bukatar gona kore dole ya jira Yuli ko Agusta, wanda ke bukatar busasshiyar gona kuma a gama shi kafin ruwa. A sa lokutan salla da ranar Juma'a cikin lissafi, a kuma raba wa kowa takardar kiran aiki tun daren jiya, mai ɗauke da wuri, lokaci, lambobin sin da suturar da zai zo da ita. Ƙauye ko unguwa ba a shiga da kyamara sai an gaida mai gari ko mai unguwa tukuna.

11. Me ya fi lalata aiki a lokeshan?

Sauti. Mai kallo yana haƙuri da hoto mai ɗan duhu, amma ba ya zama kan maganar da ba ya ji. Kada a dogara da makirufon jikin kyamara. A nemi mai sauti da sandar makirufo ko ƙananan na maƙalawa a riga, yana sanye da abin ji a kunne koyaushe. Janareto a kai shi nesa, bayan katanga, da doguwar waya. A kashe fanka da firji. A je duba lokeshan a daidai lokacin da za a yi ɗauka, don gidan da ke shiru da hantsi wataƙila injin markaɗe ne a maƙwabcinsa da yamma. Kafin a tashi daga kowane wuri kowa ya yi tsit a ɗauki sautin wurin na minti ɗaya, edita zai toshe giɓi da shi.

Sai kwantiniti, tunda ba a jere ake ɗauka ba kamar yadda aka ce a tambaya ta 10: mayafi shuɗi ta shiga ɗaki, ta fito da ja. A ɗauki hoton kowane ɗan wasa da waya a kowane sin, a rubuta lambar. Sai kuma asarar da ba ta da magani, wato ɓacewar aiki. Kowane dare a kwafe katin kyamara a hadis biyu, a buɗe a tabbatar yana yi, sannan a goge katin. Hadis ɗin biyu kada su kwana a jaka ɗaya.

12. Wa ke da mallakar labari, kuma yaya zan kare kaina?

A Nijeriya dokar da ke aiki ita ce Dokar Haƙƙin Mallaka ta 2022, wadda aka sa wa hannu a Maris 2023. Haƙƙi yana tabbata da zarar an rubuta aiki, ba sai an yi rajista ba, amma dokar ba ta kare tunanin da ke cikin kai ko wanda aka faɗa da baki a majalisa. Shi ya sa mai ba da labarinsa a teburin mai shayi ba shi da ƙarar da zai kai. Hukumar Kare Haƙƙin Mallaka tana da tsarin rajista ta intanet wanda ke zama shaida, a Nijar kuma akwai ofishin kare haƙƙin mallaka, BNDA, a Yamai. Kafin ka ba kowa rubutunka, aika shi ta imel don kwanan wata ya zauna. Haƙƙin rubutu yana ɗorewa har shekara 70 bayan rasuwar marubuci.

Sayar da haƙƙi ko ba da izini na keɓe ba ya inganta sai a rubuce. Takardar ta faɗi abin da aka sayar, fim ɗaya ne ko har da zango na biyu, nawa za a biya kuma a wane mataki, sau nawa za a yi gyara, yadda sunan marubuci zai fito, da kuma ranar da labarin zai dawo hannunsa in ba a yi fim ɗin ba. Haka tsakaninka da mai ɗaukar nauyi: ya zuba kuɗi ne a raba riba ko rance ya bayar, wa ke riƙe da tashar YouTube, wa ke da lambar sirrinta. Kunya tana hana mutane rubuta irin wannan da 'yan'uwa da abokai, kuma a nan rigima ta fi tashi. Yi wa kamfaninka rajista a CAC, hukumar yi wa kamfanoni rajista, ka buɗe masa asusun banki daban da naka.

13. Darakta yana canza mini labari a lokeshan. Ina iyakarsa?

Yadda za a ɗauki sin nasa ne: inda kyamara za ta tsaya, motsin ɗan wasa, saurin magana. Abin da sin ɗin yake nufi da inda labari zai ƙare naka ne. A zauna kwana ɗaya ko biyu kafin ɗauka a bi rubutun shafi-shafi, duk gardama a gama ta a nan. A lokeshan murya ɗaya ake so, furodusan da ke gyara wa darakta a gaban 'yan wasa ya rushe aikinsa da hannunsa. Ja shi gefe. Game da 'yan wasa masu son ƙari daga bakinsu, musamman na barkwanci, a ɗauki yadda aka rubuta sau ɗaya, sannan a sake su. Layukan da wani sin na gaba ya dogara da su a ja musu layi tun farko, a ce waɗannan ba a taɓawa.

14. Wace hukuma zan bi kafin in saki fim?

A matakin tarayya akwai Hukumar Tace Fina-finai ta Ƙasa, NFVCB, da aka kafa a 1993, wadda ke duba fim ta sa masa matakin shekarun masu kallo. A Kano akwai Hukumar Tace Fina-finai da Ɗab'i ta jiha, wadda aka kafa a 2001, tana yi wa kamfanoni da ma'aikata rajista, tana kuma duba fim kafin ya fita. Kada ka ɗauka YouTube ya fitar da kai daga hannunta: a Mayun 2025 ta dakatar da fina-finai masu dogon zango 22 saboda sakin su ba tare da an kawo an duba ba. Abubuwan da aka fi tsayawa a kansu su ne sutura, taɓa juna, kalaman batsa, da abin da ya shafi addini. Ƙa'idoji da kuɗin rajista suna canzawa, don haka a je ofis a karɓo na yanzu tun ana matakin rubutu. Gyaran sin a takarda kyauta ne, sake ɗaukarsa kuwa sai an sake tara mutane.

15. Ta ina kuɗi ke dawowa?

Hanya ɗaya ba ta isa. A YouTube, kafin tasha ta fara samun kuɗin talla sai ta tara mabiya 1,000 da awa 4,000 na kallo cikin wata 12. Mai tasha yana karɓar kashi 55 cikin 100 na kuɗin tallan dogon bidiyo, ana biya idan kuɗin ya kai dala 100, kuma bidiyon da ya kai minti 8 ana iya sa masa talla a tsakiya. Abin da sababbi ba sa lura da shi shi ne farashin talla ya danganta da ƙasar mai kallo. Kallo dubu daga Nijeriya ko Nijar bai kai kallo dubu daga Saudiyya, Ingila ko Amurka kawo kuɗi ba, don haka yawan masu kallo ba shi ne yawan riba ba. Sabon furodusa da ba shi da tasha mai ƙarfi yakan ɗora fim a tashar wani a raba kuɗi. In haka ne, a rubuta kason, a kuma ba shi damar ganin alƙaluman da idonsa.

Sauran hanyoyin su ne tallan 'yan kasuwa a cikin shiri, sayar wa tashoshi irin su Arewa24 da Africa Magic Hausa izinin haskawa, manhajojin kallo na biya, da aikin ƙungiyoyi masu son isar da saƙo kan lafiya ko ilimi. A kowace yarjejeniya a duba abu uku: shekara nawa, waɗanne ƙasashe, kuma an hana ka sayar wa wani ko ba a hana ba. Sayar da fim ɗungurungum yana kawo kuɗi a hannu yau, amma mai zaman kansa da ya riƙe mallakar fina-finai biyar yana da abin da zai sake ba da haya shekara da shekaru. Masu turi a waya da tashoshin Telegram za su kwashi aikin ko an so ko ba a so, shi ya sa ake son a daidaita ranar fita a ko'ina lokaci ɗaya.

16. Zan iya sa kiɗa ko waƙar da na samu a intanet?

Kada ka yi. Tsarin Content ID na YouTube yana gano kiɗan da ke da mai shi, kuɗin tallan kashin gaba ɗaya yana iya komawa wurinsa, ko a toshe bidiyon. A sa mai kiɗa ya yi sabo, a rubuta cewa fim ɗin yana da izinin amfani da shi a ko'ina. In mawaƙin zai ɗora waƙar a tasharsa ko ya ba kamfanin rarraba waƙoƙi, a yi magana tun farko, don kada tsarin ya kama fim ɗinka da waƙar da kai ka biya aka yi.

17. Ina son kai fim bikin baje kolin fina-finai. Me zan tanada?

Akwai bikin Zuma da Hukumar Fina-finai ke shiryawa a Abuja, da KILAF a Kano na fina-finan harsunan Afirka, da AFRIFF a Legas, da FESPACO na Wagadugu da aka fara a 1969, inda Oumarou Ganda na Nijar ya ci babbar kyauta a 1972. Karanta sharuɗɗan kafin ka saki fim, domin bukukuwa da yawa ba sa karɓar wanda ya riga ya fita a YouTube. Za a nemi taƙaitawa, tirela (gajeren bidiyon tallan fim), fosta, hotunan lokeshan, da fassarar ƙasan allo. Fassarar nan ce take kayar da fina-finan Hausa da yawa. A ba wanda ya iya harsunan biyu sosai, layi kada ya wuce biyu a allo, kowane layi kusan harafi 40, a kuma ajiye ta a fayil daban maimakon a manne ta a jikin hoto, don a iya sa ta Faransanci ko ta Larabci daga baya. A gaya wa edita tun farko ya ajiye maganganu daban, kiɗa da sauran sauti daban, domin duk tashar da za ta juya fim ɗin zuwa wani harshe abin da za ta fara tambaya ke nan.